Yaron da ya yi silima da kwali da fitila

Duk wanda ya tashi a Gangara ya san motar kara da motar waya, kuma ya san abin da manya ke cewa in suka tarar da yaro yana lanƙwasa waya maimakon ya tafi gona: "Wasan banza ke nan!" To, silimar Nijar da irin wannan wasan banzar ta fara.

An haifi Mustapha Alassane a 1942. Tun yana yaro, bai kai ga riƙe kamara ba, ya gano cewa haske da inuwa na iya ba da labari. Sai ya samu kwali da fitila, ya riƙa zana mutane da dabbobi a kan ledar nan mai shara-shara da ake naɗe kwalin sigari da ita, yana haska su, 'yan'uwa da abokai na zaune suna kallo. Ba wutar lantarki, ba wanda ya koya masa. Ni dai nan ne abin ya fi ba ni mamaki, don inuwa kowa yana da ita, amma shi kaɗai ya tsaya ya tambaye ta aiki.

Kanikanci ya fara koya. Daga baya ya shiga cibiyar bincike ta IFAN a Yamai, inda ya haɗu da Bafaranshen nan Jean Rouch, wanda ya buɗe masa hanya. A 1962, yana ɗan shekara 20, ya fitar da Aouré, wato Aure, fim a kan biki a ƙasar Zabarmawa. Ya je Kanada, ya ga yadda Norman McLaren ke motsa zane.

Yaya zane ke motsi? Ido ne ake yi wa wayo. A kowace daƙiƙa hoto 24 ke wucewa, kowane ya ɗan bambanta da na bayansa. Fim na minti 5 hoto 7,200 ke nan. Ku lissafa haƙurin! Haka ya yi Bon voyage Sim a 1966, labarin wani kwaɗo shugaban ƙasar kwaɗi da ya tafi ziyara, aka tarbe shi da fareti da bushe-bushe da jawabai. Shekara shida kacal da samun 'yancin kai fa, zamanin Diori Hamani. Abin da babba ba zai furta a fili ba, kwaɗo ya faɗe shi, mutane suka yi dariya, wanda ya tsargu ya tsargu. A shekarar nan ɗin kuma ya yi Le Retour d'un aventurier, inda wani saurayi ya dawo daga Amurka da kayan kaboyi ya raba wa abokansa, suka hau dawaki suka hana ƙauye sakat. Akwai kuma Kokoa, kokowar dabbobi da ya yi da 'yan tsana.

Kwanan baya wasu samari a Kaduna, The Critics, sun yi suna da finafinan da suka ɗauka da wayar salula da ƙyallen yadi kore, har J.J. Abrams ya aiko musu da kayan aiki daga Amurka. Muka yi ta tura wa juna bidiyonsu muna cewa ba a taɓa yi ba. Ashe an yi, a ƙasarmu, tun kakanninmu na samari.

Alassane ya koyar da silima a Jami'ar Yamai, sannan ya zauna a Tawa yana ci gaba da zanensa. Ya rasu a Wagadugu a watan Maris na 2015. Ranar da na kawo sunansa a taron ƙungiyarmu, cikinmu babu wanda ya taɓa jin sa a lakwal, har da ni, don a wayar wani yayana na fara ganin kwaɗon nan yana duba fareti.