Kama Da Wane Ba Ta Wane: Tarihin Rarrabe Kulɓa Marar Ƙafa

Gabatarwa

A yankin Kaele, hedikwatar gundumar Mayo-Kani da ke arewacin Kamaru, kulɓa ba baƙuwa ba ce. Akan gan ta tana shan hantsi a kan duwatsu, da ƙafafunta huɗu da jiki mai sheƙi. Amma idan manomin auduga ya tono wata 'yar halitta mai kama da tana, marar ƙafa, yakan kira ta maciji, ya kuma kai mata fartanya. A wannan yanki sau da yawa ya canka daidai, domin akwai ƙananan makafin macizai marasa dafi da ke zaune a ƙarƙashin ƙasa. A dazuzzukan kudancin ƙasar kuwa, akwai halitta mai irin wannan siffa wadda asalinta kulɓa ce. Bambance su ya ɗauki masana fiye da shekara 200.

Zamanin Duba Siffa

A shekarar 1758 Linnaeus, masanin ƙasar Suwidin, ya bayyana wata kulɓa marar ƙafa ta Afirka ta Kudu, ya kuma jera ta cikin macizai. Ita ce ake kira Acontias meleagris a yau. A 1845 John Edward Gray na gidan tarihin Birtaniya ya raɗa wa wata sunan Feylinia currori. Wannan ita ce ake samu a kudancin Kamaru. Idanunta a rufe suke ƙarƙashin fata, ba ta da kafar kunne a waje, abincinta kuma yawanci gara ce.

A 1887 George Boulenger ya haɗa Feylinia da Typhlosaurus ta kudancin Afirka da Anelytropsis ta Meziko a dangi guda. Hujjarsa ita ce kamannin jiki: duk makafi ne, duk ba su da ƙafa. Sai a 1970 Allen Greer ya bi tsarin ƙashin kai, ya raba dangin kulɓa zuwa rassa 4, ya ba Feylinia reshenta, ya ba Acontias da 'yan'uwanta nasu. Wata alamar da ke taimakawa ita ce ƙananan ƙasusuwan da ke ƙarƙashin ɓawon fatar kulɓa, waɗanda galibin macizai ba su da su.

Zamanin Ƙwayoyin Gado

Binciken ƙwayoyin halittar gado ya sauya lissafin. A 2003 Whiting da Bauer da Sites suka nuna cewa Feylinia na cikin babban reshen kulɓa ne, kuma rasa ƙafa ya auku sau da dama a zuriyoyi daban-daban. A 2010 Lamb da Biswas da Bauer suka mayar da wasu nau'o'in Typhlosaurus cikin Acontias. Dalilin ruɗanin a fili yake: duk halittar da ta rungumi zaman ƙarƙashin ƙasa, jikinta kan miƙe, ƙafa ta shuɗe, ido ya dushe. Muhalli ne ya kamanta su, alhali kakanninsu daban.

A Kamaru, kundin da Laurent Chirio da Matthew LeBreton suka wallafa a 2007 ya tattara dabbobi masu jan ciki na ƙasar tare da taswirar inda kowace take. A Garwa kuma akwai makarantar horar da jami'an kula da namun daji tun 1970.

Kammalawa

Ɗalibin Hausa yana da rabo a wannan tarihi. Harshen ya tanadi kulɓa da ƙadangare da tsaka da damo da guza, amma duk abin da ya rasa ƙafa yakan faɗa ƙarƙashin maciji ko tana. Mai fassara littafin kimiyya da ya rubuta "maciji" a gurbin Feylinia ya koya wa yara kuskuren 1758, ya kuma ba su dalilin kashe halittar da ke rage gara. "Kulɓa marar ƙafa" ya fi tsawo, amma shi ne daidai.