Filin Polo na Katsina: Gadon da Sarki Dikko Ya Bari

Matafiyin da ya taso daga Ƙauran Namoda ya bi ta Zurmi da Jibiya ya shiga Katsina, in ya tambayi filin wasa, yaran gari Karkanda za su nuna masa, wato katafaren filin ƙwallon ƙafa da aka buɗe a 2013 aka kuma sa masa sunan Muhammadu Dikko. Sunan ya dace. Sai dai filin da Dikko ya kafa da kansa daban yake, ya kuma girmi wannan da kusan shekara casa'in. Shi ne Filin Polo.

Ƙwallon dawaki, wato polo, baƙo ne a ƙasar nan. Hafsoshin Ingila ne suka fara buga shi a Legas a 1904, daga nan ya bi barikokin soja ya hauro Arewa. A wancan zamani wasan Turawa ne zalla, aikin ɗan ƙasa bai wuce riƙon linzami da yankan ciyawa ba. Katsina ce ta karya wannan al'ada.

Muhammadu Dikko yana Durɓi Turawa suka naɗa shi Sarkin Katsina a 1906, bayan sun tuɓe Sarki Yero. A 1921 ya tafi aikin Hajji, tafiyar da ta bi da shi ta Ingila har ya gana da Sarki George na Biyar. Dikko mutum ne mai son doki da sukuwa, don haka da ya ga yadda manyan ƙasar ke buga polo, abin ya shiga ransa. Da ya dawo ya sa aka share fili, ya ɗora 'ya'yansa da fadawansa bisa dawaki, ya ce a koya.

Koyon bai yi wuya ba, kuma dalilin a bayyane yake. Yaron da ya tashi a gidan sarauta ya san sirdi da likkafa tun kafin ya san allo sosai. Hawa ba sabon abu ba ne gare shi, abin da ya rage kawai ƙa'ida ce: mutum huɗu kowane ɓangare, sanda a hannun dama, zagaye na minti 7 da ake kira chaka, a fili mai tsawon yadi 300 da faɗin yadi 160, wanda zai haɗiye filayen ƙwallon ƙafa da dama. Ba a jima ba Katsinawa suka fara doke hafsoshin da suka kawo wasan, suna ɗaukar kofuna har a Kaduna, inda ake fafata Kofin Georgian.

Cikin 'ya'yan Dikko, Usman Nagogo ne ya yi zarra. A polo akan auna gwanintar ɗan wasa da maki, daga ƙasa da sifiri zuwa 10, kuma Nagogo ya kai 7, matsayin da har yau masu wasan a Nijeriya ke ambato da girmamawa. A kan dawakin gida ya yi wannan, ba na ƙetare ba, kuma a ganina nan ne girman abin yake. Ya gaji mahaifinsa a 1944, ya yi sarauta har 1981, kuma rawani bai raba shi da filin ba. Ɗansa Janar Hassan Usman Katsina, gwamnan soja na Jihar Arewa daga 1966 zuwa 1967, ya shugabanci ƙungiyar polo ta ƙasa. Sarki Muhammadu Kabir Usman, wanda ya rasu a 2008, shi ma ɗan wasa ne. Kofunan da ake bugawa a gasar Katsina, irin su Kofin Nijeriya da Kofin Janar Hassan da Kofin Talba, su kansu tarihi suke bayarwa.

Abin da ya raya filin nan, in an duba, fada ce. Filayen da Turawa suka yi wa kansu a garuruwa da yawa sun mutu da tafiyarsu, wasu an yanka su fuloti. Na Katsina yana da uba, yana da barga a bayansa, yana kuma da 'yan kallo waɗanda suka san gwanin mahayi in sun gan shi. Har 'yan siyasa sun san amfaninsa, domin in ana son tara jama'a a Katsina, Filin Polo na cikin wuraren da akan fara tunawa.

Yau wasan ya canja hannu. Manyan gasanni sun koma na dawakin Ajantina masu ɗan karen tsada, attajirai da kamfanoni ne ke riƙe da ƙungiyoyi, filaye na zamani irin Fifth Chukker da ke kusa da Kaduna suna janye fitattun 'yan wasa. Ba laifi ba ne, amma ɗan mai kiwon doki daga Zurmi ko Shinkafi, komai iya hawansa, da wuya ya samu ƙofar shiga.

Don haka kira ga masarautar Katsina da gwamnatin jiha: a killace filin nan da doka kada wani ya yanki ko taku ɗaya, a tattara hotuna da kofunan zamanin Nagogo wuri guda inda ɗalibai za su gani, a kuma ware gasa mai kyauta mai tsoka wadda dawakin gida kaɗai za su shiga.