Afnan: Ma'anar sunan da asalinsa

Afnan na daga cikin sababbin sunayen da ake raɗa wa 'ya'ya mata a garuruwa irin su Birnin Kebbi da Argungu, inda a da aka fi jin Kande da Delu da Ladi.

Kalmar dai Larabci ce, kuma sau ɗaya tak ta zo a cikin Alƙur'ani, a aya ta 48 ta Suratur Rahman, wajen siffanta gidajen Aljanna biyu.

Sai dai kan malaman tafsiri ya rabu game da ma'anarta.

Wasu na ganin jam'i ce ta "fanan", wato reshen itace, don haka ana nufin lambuna masu yawan rassa da inuwa.

Wasu kuma suka ce jam'in "fann" ce, watau nau'i ko launi, kalmar da Hausa ta ara ta mayar "fanni". Bisa wannan fassara, ana nufin 'ya'yan itatuwa da ni'imomi iri-iri.

Ko wanne aka ɗauka, sunan jam'i ne, abin da ba kowane uba ne ke lura da shi ba ranar suna.

Haka nan ba ya cikin sunayen matan Annabi (SAW) ko 'ya'yansa, kamar A'isha da Faɗimatu, waɗanda Hausawa suka saba yanka rago da su.

Ya kuma sha bamban da sunayen gargajiya, masu ba da labarin haihuwar yarinya: Ladi ranar Lahadi ta zo duniya, Kande kuwa maza ta biyo.