Tarihin Rubuce-rubuce kan Rikicin Ireland

Ireland tsibiri ne da ke yamma da Birtaniya. Mutanensa miliyan bakwai ne da 'yan kai, amma littattafan da aka rubuta kan rikicinsa sun fi ƙarfin ƙirga. Masanin siyasa John Whyte ya lura a 1990 cewa idan aka dubi ƙanƙantar Ireland ta Arewa, yankin tsibirin da ke ƙarƙashin Birtaniya, da wuya a sami wani yanki a duniya da ya sha bincike kamarta. Rikicin na ɓangarori biyu ne: 'yan kishin ƙasa, galibinsu mabiya ɗariƙar Katolika, masu son tsibirin ya zama ƙasa ɗaya mai cin gashin kanta, da kuma masu son zama ƙarƙashin Birtaniya, galibinsu Furotesta. Tun fil'azal marubuta ba 'yan kallo ba ne a wannan faɗa. Da su aka yi shi.

Tushen abin yana komawa 1609, lokacin da masarautar Ingila ta fara ƙwace filayen Katolika a lardin Ulster tana raba wa Furotesta 'yan kama-wuri-zauna daga Scotland da Ingila. A 1641 waɗanda aka ƙwace wa ƙasa suka yi bore, aka kashe baƙin da dama. Hukuma ta karɓi bayanan shaidu kusan 8,000, waɗanda har yau suna ajiye a Kwalejin Trinity da ke Dublin. Daga cikinsu ne Sir John Temple ya tsamo littafinsa na 1646, The Irish Rebellion, inda ya ce sama da mutum 300,000 aka kashe ko aka kora. Masana na yanzu suna ganin waɗanda suka mutu ba su wuce dubbai ba, ko an haɗa da waɗanda sanyi da yunwa suka halaka bayan an kore su daga gidajensu. Amma ƙarya ta riga ta yi fure. Da Oliver Cromwell, jagoran sojojin Ingila, ya yi kisan gilla a garin Drogheda a 1649, ramuwar gayya ya kira shi, kuma an yi ta sake buga littafin Temple duk lokacin da hankalin Furotesta ya tashi.

Ɗaya ɓangaren ya samo nasa makamin daga babbar yunwar da ta fara a 1845, bayan cuta ta cinye dankalin da talakawa suka dogara da shi. Kimanin mutum miliyan ɗaya suka mutu, wasu miliyan ɗaya suka yi hijira. John Mitchel, wanda shi kansa ɗan gidan Furotesta ne, ya rubuta cewa da gangan gwamnatin Landan ta bar mutane suka mutu alhali ana fitar da abinci daga tashoshin jiragen ruwan ƙasar. Rubutunsa ya yi tasiri matuƙa a kan 'yan Ireland mazauna Amurka, waɗanda jikokinsu suka riƙa tara kuɗin gwagwarmaya. Abin takaici, wannan mutumin da ya yi kukan zaluncin da aka yi wa mutanensa ya zama mai kare bautar da baƙaƙen fata a kudancin Amurka.

Boren Dublin na 1916, da yaƙin sunƙuru na 1919 zuwa 1921, da raba tsibirin gida biyu, da yaƙin basasar da ya biyo baya, sun haifar da littattafan tsoffin mayaƙa. Dan Breen ya fitar da nasa a 1924, Tom Barry a 1949. Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi, kuma waɗannan littattafai ne matasa suka taso da su. Gwamnatin Dublin kuwa ta tattara bayanai 1,773 daga mutanen da suka ga abin da idonsu, ta kulle, ba a buɗe wa jama'a ba sai 2003.

A jami'o'i wata hanya aka ɗauka. A 1938 malamai biyu, T. W. Moody da R. Dudley Edwards, suka kafa mujallar Irish Historical Studies da nufin raba tarihi da tatsuniya: a koma ga takardun asali, a ajiye zafin rai. Wannan muhawara ta malamai ce kawai har zuwa 1969, lokacin da jini ya sake kwarara a Belfast da Derry. Daga nan tambayar ta zama ta rai da mutuwa. Conor Cruise O'Brien, wanda ya taɓa shugabantar Jami'ar Ghana a zamanin Nkrumah, ya yi iƙirari a littafinsa States of Ireland na 1972 cewa yabon jaruman 1916 da ake cusa wa yara shi ke samar wa IRA, ƙungiyar 'yan kishin ƙasa masu ɗauke da makamai, sababbin mayaƙa. Da ya zama minista a gwamnatin Dublin ya tsaurara dokar hana jin muryar ƙungiyar a rediyo da talabijin. Littafin Roy Foster na 1988, Modern Ireland, shi ne ƙololuwar wannan salo na sake duban tarihi. Bayan shekara ɗaya Brendan Bradshaw ya mayar da martani: ya ce malaman sun wanke tarihin har sun cire masa raɗaɗi, sai ka karanta labarin yunwa ba ka ji mutum ya mutu ba. Kowane ɓangare na da gaskiyarsa, amma ƙorafin Bradshaw ya fi wuyar turewa.

Rigimar ta fi zafi a kan Peter Hart, ɗan Kanada, wanda littafinsa na 1998 ya ce ƙiyayyar ɗariƙa na cikin dalilan kashe Furotesta 13 a yankin Cork a Afrilun 1922, ya kuma ƙaryata yadda Tom Barry ya ba da labarin kwanton ɓaunar da ya jagoranta a Kilmichael lokacin yaƙin sunƙuru. Masu sukarsa suka ce ya dogara da hirarrakin mutanen da ya ɓoye sunayensu, har suna tantamar ko wata daga cikin hirarrakin ta auku. Hart ya rasu a 2010 ba a kashe wutar ba.

'Yan jarida ne suka fi yin aikin da ya canja rayuwar mutane. David Beresford ya gina Ten Men Dead a kan 'yan wasiƙun da fursunonin IRA suka rubuta a takardar naɗe taba aka fito da su a ɓoye lokacin yajin cin abinci na 1981, wanda ɗayansu, Bobby Sands, ya mutu a cikinsa bayan kwana 66. Binciken Chris Mullin na 1986 ya taimaka wajen sakin mutum shida da aka ɗaure bisa kuskure kan bama-baman da aka tayar a birnin Birmingham na Ingila, bayan sun shafe shekara 16 a kurkuku. A 1997 Don Mullan ya buga bayanan shaidun ranar 30 ga Janairun 1972, ranar da sojojin Birtaniya suka harbe masu zanga-zanga 13 a Derry. Kwamitin binciken da gwamnatin Birtaniya ta fara kafawa ya yi biris da yawancin bayanan, ya wanke sojojin. Fitowarsu na cikin abin da ya sa aka kafa sabon kwamiti, wanda ya tabbatar a 2010 cewa babu ko ɗaya cikin mamatan da ya cancanci harbi, har Firaministan Birtaniya na lokacin, David Cameron, ya nemi gafara. Rubutu kan mayaƙan Furotesta bai kai na IRA yawa ba, ko da yake su ne suka kashe kusan kashi 30 cikin ɗari na waɗanda suka mutu.

Littafin da ya fi kowanne daraja ba shi da jarumi kuma ba ya kare kowa. Lost Lives, wanda David McKittrick da abokan aikinsa Seamus Kelters da Brian Feeney da Chris Thornton suka fitar a 1999, shekara ɗaya bayan yarjejeniyar zaman lafiya ta Belfast, ya jero mutum sama da 3,600 da rikicin ya ci tun daga 1966, ɗaya bayan ɗaya bisa ranar mutuwarsu. Kowa da sunansa, da shekarunsa, da sana'arsa, da yadda ajalinsa ya zo. Soja na kusa da wanda ya dasa masa bam, jariri na kusa da ɗan sanda, ba a fifita gawar wani a kan ta wani ba. Shafukansa sun haura 1,600. Bayan shekaru ɗari uku da hamsin ana kumbura adadi don tunzura jama'a, sai ga littafin da ya ƙirga mamata don iyalansu su ga ba a manta da nasu ba. Mai son fahimtar wannan rikici, nan ya kamata ya fara.

Zaman lafiya bai sauƙaƙa faɗin gaskiya ba. Daga 2001 Kwalejin Boston ta Amurka ta naɗi muryoyin tsoffin mayaƙan ɓangarorin biyu bisa alƙawarin ba za a saki faifan mutum ba sai bayan ransa. Da ɗan jarida Ed Moloney ya buga hirar biyu daga cikinsu a 2010, 'yan sandan Ireland ta Arewa suka bi ta kotunan Amurka suka karɓe wasu faifan. Abin da suke nema shi ne bayani kan Jean McConville, gwauruwa mai 'ya'ya goma da IRA ta ɗauke daga gidanta a Belfast a ƙarshen 1972, ta kashe ta, ta binne a ɓoye. A 2014 aka tsare jagoran jam'iyyar 'yan kishin ƙasa ta Sinn Féin na lokacin, Gerry Adams, kwana huɗu, aka sake shi ba tare da tuhuma ba. Ya musanta hannu a kisan, kamar yadda yake musanta cewa ya taɓa zama ɗan IRA. Wannan labari ne Patrick Radden Keefe ya bibiya a Say Nothing na 2018, littafin da ya kai tarihin ga sabon zubin masu karatu a duniya.

An gano gawar McConville a bakin teku a gundumar Louth a 2003. A 2019 kotu ta ƙi karɓar faifan Boston a matsayin hujja, ta sallami mutum ɗaya tilo da aka gurfanar kan lamarin. Har yanzu ba a hukunta kowa kan kisan nata ba.