Aiki (a kimiyyar fiziks)

aiki *sn., nmj.* (jam'i: ayyuka). Adadin makamashin da ƙarfi ke zuba wa abu yayin da ya gusar da shi. Ƙarfi da gusawa duk vekta ne: kowanne na da girma da alkibla, ana raba shi gida uku, gabas, arewa da sama. Sai a ninka kowane kashi na ƙarfi da takwaransa na gusawa, a tara sakamakon. Ana auna shi da jul, don tunawa da Jems Jul na Ingila (1818–1889).

*Misali:* mai kura a Tudun Wadan Zariya ya tura jarkokin ruwa da ƙarfin nyuton 60 gabas, 20 arewa, 30 ƙasa. Kurar ta gusa mita 50 gabas, 10 arewa, 2 sama. Aikinsa: (60×50) + (20×10) − (30×2) = jul 3,140.

*Lura:* in ƙarfi ya gitta alkiblar tafiya a miƙe, aiki sifili ne, kamar nauyin tallar da aka ɗauka a ka bisa shimfiɗaɗɗiyar hanya.

*Duba:* ƙarfi; makamashi; vekta.