Jadallah Jubara, mai ɗaukar majigin Sudan

 Daga nan Alsawra ta Omdurman, hirarmu ta wannan mako a kan wani dattijo ce da ya ƙare rayuwarsa yana ɗaukar hoton ƙasar nan, wato Jadallah Jubara.

An haife shi a 1920. Lokacin yaƙin duniya na biyu ya shiga soja, ɓangaren sadarwa, a can ne ya fara ganin majigin da Turawa ke haska wa sojoji, abin ya shiga ransa. Da aka gama yaƙi ya koyi aikin a Alƙahira, ya dawo ya kama aiki a sashen fim na gwamnati. Dattawanmu za su tuna motar majigi da ke shiga ƙauye da magariba, a kafa farin ƙyalle, yara su zauna a ƙasa. To, irin waɗannan finafinan ne su Jadallah ke ɗauka. A 1955 ya yi fim mai launi a kan birnin Khartum. Ranar 1 ga Janairun 1956 kuma, da Isma'il al-Azhari ya ɗaga tutar 'yancin kai, yana wurin da kyamararsa. Daga baya ya ƙaro ilimi a Kalifoniya ta Amurka, kuma yana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar masu shirya fim ta Afirka, tare da su Usman Samben na Senegal.

Amma aikin gwamnati, ka ɗauki shugaba yana yanka zare, ka ɗauki gonar auduga, bai ishe shi ba. A 1974 ya buɗe nasa situdiyo a Khartum, Studio Gad. Kuma da ya tashi yin babban fim ɗinsa a ƙarshen shekarun 1970, labarin makiyaya ya ɗauko. Nan ne nake so mu ɗan tsaya.

Tajuj sunan fim ɗin. Labari ne na mutanen Hamran, da ke kiwo a bakin kogin Setit, wajen iyakar Habasha. Masu fatauci ta Kassala da Gadarif sun san yankin. Yadda ake ba da shi, Muhallak mawaƙi ne, ya auri Tajuj, wadda babu kamarta a kyau. Wata rana ya roƙe ta abin da al'adarsu ke ɗauka abin kunya: ta tuɓe ta yi tafiya a gabansa. Ta ce ta yarda, da sharaɗin zai cika mata buƙata ɗaya. Ya yi alkawari. Da ta yi, sai ta ce saki take so. Namiji ba ya tashin magana, ya sake ta, ya bi daji yana waƙarta har ya mutu. Shahararren mawaƙin nan Salah ibn al-Badiya ne ya fito a Muhallak. Ni dai a ganina wannan zaɓi ya fi duk lambobin yabon da fim ɗin ya ciwo, don ya sa ɗan birni ya biya kuɗi ya zauna kallon kunya da alkawari irin na mutanen daji.

Ƙarshensa akwai ban tausayi. Yana wajen shekara tamanin hukuma ta karɓe situdiyon, idonsa kuma ya tafi. Bai ajiye aiki ba. 'Yarsa Sara, wadda shan inna bai hana ta zama gwanar ninƙaya ba, ita ta zama idonsa: yana faɗa, tana duba kyamara, har suka fitar da fim a 2006. A 2008 aka rushe ginin, shi ma a shekarar ya rasu, Allah ya jiƙansa. Gwangwanayen fim ɗin da iyalinsa suka tsirar, daga 2013 wata cibiya a Balin ta Jamus ta taimaka aka kwafe da yawansu zuwa kwamfuta.