Wayar na'urar binciken mota: Yadda take lalacewa da yadda ake gyara ta

Da yawa daga cikin motocin da ke zirga-zirga tsakanin Birnin Kebbi da Argungu 'yan Kwatano ne, waɗanda aka ƙera domin kasuwar Amurka ko Turai. Irin waɗannan motoci suna da ƙwaƙwalwa mai adana bayanin duk matsalar da ta taso a inji, kuma bakanike yana karanta shi ne da na'urar bincike ta hanyar wata waya da ake jona wa a ƙarƙashin sitiyari.

Sunan wannan tsari OBD-II. Amurka ta wajabta shi a 1996, Tarayyar Turai kuma a 2001 ga motocin fetur. Bakin wayar yana da haƙora 16, kowanne da aikinsa. Na 16 ne ke kawo wutar batir, na 4 da na 5 su mayar da ita, na 6 da na 14 kuma su ɗauki saƙo a motocin zamani.

Idan na'ura ta ƙi magana da mota, a fara da fiyus, domin a motoci da dama layinsa ɗaya ne da na wurin kunna sigari. Sannan a auna tsakanin haƙori na 16 da na 4 a jikin motar; ya kamata mita ta nuna kimanin bolt 12. Idan wuta ta samu, sai a duba haƙoran wayar. Ƙurar hunturu takan toshe su, danshin damina a fadamar Rima yakan sa su tsatsa, gaggawa wajen cirewa takan lanƙwasa su. Daga nan a bi kowane sili da mita daga wannan baki zuwa wancan. Tsinkewa ta fi aukuwa a wuyan waya, inda ake yawan naɗewa, kuma ana haɗa ta da dalma. Amma idan allon cikinta ya ƙone, sai sabuwa.

Gyaran yana da muhimmanci saboda daga ƙasashen waje ake shigo da kayan, kuma tun da darajar naira ta faɗi a 2023 farashinsu ya hau. Bakaniken da wayarsa ta mutu yakan koma aiki da hasashe, ya sauya kayan da lafiyarsu ƙalau, direban haya ya biya kuɗin. Mai mota yana da haƙƙin ganin lambar matsalar a fuskar na'ura, kamar P0300 mai nuna inji yana tsallaken wuta, kafin ya amince a kwance masa komai.